Kwaɓin da Baba Ya Ce a Bari Ya Kwana

Wudil, Jihar Kano.

Zuwa ga Yayana Gwadabe,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan alheri, ina roƙon Allah ya sa takardar nan ta same ka lafiya, kai da iyali a can Fatakwal. Nan gida Inna ƙafarta ta yi sauƙi, ƙanwarmu Sharifa kuma ta koma ɗakinta bayan wankan jego. Baba ne dai sai addu'a, kuma saboda shi na ɗauki biro, don bakina ba zai iya faɗar wannan ta waya ba.

Ka san tun da ɓarin jikinsa ya shanye ba abin da yake nema sai a kai shi garkarsa ta bayan gida ya ga zogalensa da lemonsa, ga damina ta mai da tsakar gida taɓo, kekensa ba ya wucewa. Simintin da ka sa a saya don a yi masa hanya ya iso. Ranar Asabar ni da maƙwabcinmu Nu'uman muka kafa katako, muka zuba yashi da tsakuwa, muka juye siminti muka kwaɓa. Baba yana zaune a keke yana kallo. Da ya ga shebur yana juyawa sai bakinsa ya buɗe, ya shiga gyara mana riƙo, yana yi mana dariya wai 'yan boko ba su iya aiki ba. Wata takwas rabon da in ji muryar nan tasa ta magini.

Muna shirin zubawa ya ɗaga sanda ya ce a rufe kwaɓin da buhu a bar shi ya kwana ya tsima, kamar yadda ya yi shekara arba'in yana yi wa ƙasar gini. Nu'uman ya dube ni. Yaya, na san siminti ba ya jira, amma na kasa ƙaryata shi a gaban maƙwabci ranar da ya fara dariya. Na ce a raina idan ya shiga barcin azahar sai mu zuba. Bai shiga ba. Nan ya zauna yana gadin aikinsa har aka kira magariba.

Da safe ya sa na tura shi wurin. Ya soka sanda, ta ƙi shiga. Ya sake, ya sake. Sannan ya ce, "Tasi'u, ka san haka zai yi?" Na ce na sani. Ya ce, "Ashe lallashina ake yi kamar yaro."

Yau kwana shida ke nan bai fito ba, koko ma sai Inna ta yi da gaske yake kurɓa. Na fasa tulin da diga, na ce masa za a sake sabo. Ko juyowa bai yi ba, ya ce kada a wahala, ranar da zai fita a kafaɗa za a ɗauke shi, ba sai da hanya ba. Ina jin tsoro, Yaya, kuma laifina ne. Ka nemi hutu ka zo, kada ka jira sallah.

Ka gaida Yaya Turai da Muhsin da Lubna. Inna tana sa muku albarka. Allah ya sada mu da alheri.

Ni ne ƙaninka,
Tasi'u.