Rumfar Burkutun Mama

Darfur, Maris 2006

Mama,

Gaisuwa mai yawa. Yaya ƙanwata Sandra da yara?

Sandra ta rubuto cewa rumfar burkutunki ta samu rufin kwano, har daga Ribah ake zuwa sha. Na tuna shekarar da Baba ya rasu, kika fara da tukunya ɗaya. Hayaƙi ya ci miki ido, amma da ita kika kai mu makaranta. Na gode, Mama. Allah ya saka.

Aikin soja da sauƙi. Ruwa ne kawai ake auna mana, na ɗan rame, kada ki damu.

Don Allah ki bar wa Sandra tsayuwa gaban murhu. In Allah ya dawo da ni Zuru, ni zan riƙa faskara miki itace.

Ɗanki,
Filimon