Atamfar Jam'iyya Ta Zama Tsumma

Daren Alhamis, Karu

Har yanzu raina a ɓace yake. Da safe na isa Maitama zan fito da motar oga, sai na tarar da Sale maigadi yana goge taya da atamfar jam'iyya. Wai Hajiya ce ta ba shi. Tunda oga ya sauya sheƙa, ba ta son ƙara ganin tambarin a gidan.

Jam'iyyar nan fa ita ta ɗauko shi daga kan babur! Lokacin da take lashe zaɓe a jere, har ƙofar gidansa launinta aka shafa. Yau don ta faɗi, ta zama tsumma.

Irin wannan atamfar Inna ke ɗaurawa duk ranar zaɓe, ta bi layi da ciwon gwiwarta. Ko rijiya ba su haƙa mana a ƙauye ba, amma ba ta taɓa dangwala wa wata jam'iyyar ba.

Ɗazu ta kira ni. "Bala, wai maigidanka ya bar mu?"

"Ya bar ku, Inna."

"To, roƙo mini zannuwan matarsa, nawa ya koɗe."

Na kasa gaya mata inda suke.