Ku Bar Mana Ƙararrawar Gidan Sistoci

Zuwa ga Shugaban kamfanin da ya sayi gidan sistocin coci na layinmu, a Deptford.

Ranka ya daɗe,

Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan kana lafiya kai da iyalinka. Sunana Hajara. Ina zaune a flat ɗin council, gidan hayar hukuma da ke kallon gidan da kuka saya, tagar nan mai koren labule. Da Hausa na rubuta, don da ita nake kuka, 'yata Rabi ce za ta mayar maka da ita Turanci. Na fito da maganar fili ne saboda duk zuwan da na yi ofishinku, yarinyar da ke bakin ƙofa murmushi take yi mini, ta ce kana wurin taro. Allah Ya sa taron nan yana da ranar tashi.

Na farko, ina so ka san wanda nake magana dominsa. Maigidana ne. Ba na faɗin sunansa, haka muka taso, Malam nake ce masa. Ya ƙarar da ƙarfinsa a masana'antar motoci ta Dagenham, har aka rage ma'aikata aka sallame shi. Bai daɗe a gida ba ɓarin jikinsa ya shanye, magana ta ɗauke, lissafi ya bi ta. Agogo yanzu ado ne a hannunsa.

A unguwar nan ba a kiran salla a waje. Tun muna sababbin zuwa Malam ya lura cewa sistocin suna kaɗa ƙararrawa kullum da tsakar rana don addu'arsu. Da sanyi takan faɗo daidai azahar, da zafi sai ya yi alwala ya ɗan saurara. Har tsokanarsa nake yi, wai ya samu ladanai masu lulluɓi. Da ciwo ya kwashe masa komai, wannan ɗaya ce ya bar masa. Yana jin ta zai nuna mini buta da hannunsa mai lafiya. Idan ya yi azahar, sauran sallolin yinin sukan biyo ta a jere ba gardama.

Na biyu, ba bango da katako kawai kuka saya ba. Gidan nan yana da ƙaramar ƙofa ta gefe, duk wanda ya ƙwanƙwasa za a ba shi shayi da burodi, ba a tambayar sunansa ko addininsa. Ranar da Malam ya faɗi, Sista Birjit, tsohuwar da ke kula da ƙofar, ita ta fara hawowa benenmu. Ita ta koya mini yadda ake juya majinyaci kada bayansa ya yi gyambo. Ita ce kuma ta tambaye ni inda alƙibla take, muka ja gadon tare ya fuskance ta. Da sistocin suka tsufa suka ragu, manyansu suka ce gidan ya fi ƙarfinsu, aka rarraba su gidajen tsofaffi. Masu zuwa ƙofar gefe kuwa, na ga biyu daga cikinsu kwance a kwali ƙarƙashin gadar jirgi.

Na uku, abin nan ba yau aka fara shi a ƙasarku ba, kuma ka fi ni sani. Ranar da Sista Birjit ke haɗa kayanta, ina taya ta naɗe barguna, ta ba ni labarin wani sarkinku na shekaru aru-aru da suka wuce, wanda ya rufe gidajen 'yan zuhudu na ƙasar nan kaf. Ya ƙwace gonakinsu ya sayar wa manya. Aka yaye dalmar rufin, aka sauke ƙararrawa aka narke. Gidajen nan a ƙofarsu matalauta ke karɓar abinci, nan matafiyi ke kwana, nan marar lafiya ke samun mai duba shi. Da aka rufe su, mutanen suka watsu a tituna, hukuma ta bi su da bulala, wai zaman banza suke yi. Ta ce ba duk 'yan zuhudun ne mutanen kirki ba, ba ta ɓoye ba. Amma ba su ne suka fi shan wuya ba, masu jira a bakin ƙofa ne. Na taɓa raka ajin su Rabi kallon irin wannan kango. Ciyawa an aske ta tsaf, Turawa suna ɗaukar hoto suna cewa abin tausayi ne. Ni dai na lura tausayin na duwatsun ne.

Na huɗu, ga halin da muke ciki. Tun da aka kulle gidan ƙararrawa ta yi shiru. Malam yakan zauna bakin taga tun hantsi, kunnensa na wajen hasumiyar. Na kawo buta, ya ture. Rabi ta sayo kaset na kiran salla, ya saurara ya yi murmushi, ya mai da fuskarsa taga. Na sa agogo mai ƙara, ya tsorata. Haka zai zauna, ba salla ba abinci, sai ya ga duhu ya shigo, sannan ya gane yini ya wuce shi. Sai ya kama kuka marar sauti, irin na babban mutum. Limaminmu ya ce babu laifi a kansa, an ɗauke masa alƙalami. Na gaya masa. Amma mutumin da bai taɓa barin azahar ta wuce shi ba ko a tsakiyar injinan Dagenham, ba a lallashinsa da wannan. Wallahi zuciyata ta gaji da ganin kukan nan.

Yanzu leburorinku sun ce za a sauke ƙararrawar a sayar kafin a fara yanka gidan flat-flat. Ga roƙona. Ban ce ku mayar da sistoci ba, na san wannan ya wuce. Ku bar ƙararrawar a inda take, ku sa a riƙa kaɗa ta da tsakar rana. Ba roƙon har abada ba ne, likita ya riga ya gaya mini abin da ya gaya mini. Idan kuma ba ku da mai kaɗawa, ku ba ni mabuɗin ƙofar gefe. Na san abin da 'yan'uwana za su ce idan suka ga Hajara da mayafinta tana jan igiyar coci, na kuma shirya ji. Zan ja ta, in tsallako titi da sauri, in iske shi yana nuna mini buta.

Allah Ya ƙara maka lafiya, Ya albarkaci kasuwancinka, Ya ba ka tsufa mai kyau. Ranar da ƙarfinka ya ƙare, Allah Ya bar maka wanda zai tuna maka lokaci.

Wassalam.

Hajara, mai koren labule,
Deptford, London.