Dokin Da Bai Taɓa Zuwa Na Ɗaya Ba

Da sunan Allah Mai rahama Mai jinƙai. Godiya ta tabbata ga Ubangijin da Ya sanya harshe amana, tsira da aminci su tabbata ga Fiyayyen halitta.

Zuwa ga Yaya Mehrun a Lautoka. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, ina roƙon Allah Ya sa wannan takarda ta same ki lafiya, Ya sauƙaƙa miki ciwon gwiwar nan. Mu a Melbourne muna lafiya, uwargidana Hajiya Sakina ma ta samu sauƙin tarin da ya dame ta.

Takardarki ta iso, faɗan da ke ciki kuma ya shiga inda ya kamata. Kin san ranar da ɗana Intiyaz ya faɗi jarrabawar lasisin aikin lantarki karo na huɗu, na ce masa drongo a gaban matarsa, kamar yadda mutanen nan ke ce wa sakarai. Wata uku bai tako gidana ba. Kika tambaye ni ko mai karantar da mutane cewa Allah Ya hana jifan juna da mugun laƙabi ya san ma'anar abin da ya jefi ɗansa da shi. Wallahi ban sani ba. Shekara talatin ina jin kalmar, ban taɓa bin asalinta ba.

Na tunkari maƙwabcina tsoho Desmond, wanda ya ƙarar da ƙuruciyarsa a filin sukuwa, Allah Ya shirye shi. Ya yi dariya har da dafa shinge, ya ce yau ga malam mai gemu ya zo ɗaukar karatu wurin ɗan caca. Ya ce asali sunan wani baƙin tsuntsu ne, aka laƙaba wa wani doki a garin nan kimanin shekara ɗari da suka wuce. Sau talatin da bakwai ya shiga tsere, bai taɓa zuwa na ɗaya ba, shi ne sunansa ya zama zagi. Sai ya ƙara da cewa masu zagin sun manta da manyan dawakai yake karawa, ya sha zuwa na biyu, kuma duk lokacin da aka kai shi fili sai ya zuba gudu.

Yaya, jikina ya yi sanyi. Mai haƙuri ne aka mayar abin dariya, ni kuma na bi sahu. Magana zarar bunu ce, amma ƙofar tuba a buɗe take. Na je gidan Intiyaz, na tsaya a bakin ƙofa na nemi gafararsa a gaban matar da na kunyata shi a gabanta, sannan na ba shi labarin dokin. Ya sunkuyar da kai. Da ya ɗago, idonsa da hawaye, sai ya ce ashe ke nan saura masa sau talatin da uku kafin ya cancanci sunan, Baba ya yi gaggawa. Ya sake rajistar jarrabawar, ranar Juma'a kuma ya zo gida ya cinye gurasar roti da uwarsa ta gasa, bai rage mini ko ɗaya ba.

Ki gaida Yaya Munaf, da Shabnam da 'ya'yanta. Allah Ya saka miki da Aljanna, Ya tsare harsunanmu, Ya sa mu cika da imani. Amin.

Ƙaninki mai godiya,
Alhaji Sikandar Ali