Gwiwar Baba Ba Ta Taɓa Ƙasa Ba

Ƙanƙara,
Jihar Katsina.

Zuwa ga Yaya Harisu, a Agege.

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai tarin yawa, ina fata wannan takarda za ta same ka cikin ƙoshin lafiya, kai da Suwaibatu da yara. Allah ya ƙara ƙarfin hannu, ya tsare ka a fagen dambe da wajensa. Mu nan alhamdu lillahi, an yanke gero, dawa ma ta kusa. Ƙafar Inna da sauƙi, Sumayya kuma ta sauka lafiya a Sabuwa, an samu namiji. Baba ne dai ba ya jin daɗi, ciwon nasa kuma ba na asibiti ba ne. Na zaɓi in rubuto ne don a waya ba na iya kai ƙarshen maganar.

Ka san yadda na faɗa sana'ar nan, tunda kai ne mai jawo kunnena daga gidan kallo lokacin da nake zana musu allon finafinan Caina. Da na koma Kano, ni ke rubuta labarin fim ɗin faɗa, ni ke tsara wurin da za a yi shi. Na gina makarantar koyon faɗa da karan dawa da kwali, har mutane suka rantse a ƙasar waje aka ɗauka. Na sassaƙa takubba, na dafa zoɓo ya zama jini. Shamsu kuwa, wanda shi ne darakta kuma shi ne jarumi, duk tsallen da ka ga yana yi daga kan katanga igiyata ce ke riƙe da shi, katifata na ƙasa tana jiransa. Mutumin da ko bunsuru ya taso masa bayana yake ɓuya, shi ne yau ake kira gwanin faɗa.

Bara na rubuta labarin da ya fi kowanne shiga raina, labarin damben Baba. Na kai su Shamsu Daudawa muka share fage, na lallashi Baba ya ara mana warkinsa da layunsa, har ya yarda a sa sunansa na fage, Mani Gatari. A rubutuna, ɗan birni mai faɗan ƙafa ne ya zo ya kara da Mani, aka tashi babu kisa, ya durƙusa ya nemi a koya masa. Haka aka ɗauka a kan idona. Ashe da suka koma Kano Shamsu ya ga bai kamata jarumi ya durƙusa wa mahauci ba. Kayan Baba na hannunsu, sai ya sake ɗaukar ƙarshen ba da sanina ba, ya sa mai warkin Baba ya sha ƙafa a ƙirji, ya zube gwiwa bibbiyu yana roƙo.

Yaya, ba sai na gaya maka abin da gwiwa a ƙasa take nufi a dambe ba. Daga Ƙanƙara har Sabuwa babu wanda ya taɓa kai Baba ƙasa, amma yanzu fim ɗin na cikin wayar kowa. Ranar kasuwa wasu 'yan acaɓa suka tsaya gaban rumfarsa, ɗaya ya durƙusa yana kwaikwayo, sauran na ƙyalƙyala dariya. Baba ya ajiye wuƙa ya tafi gida, tun ranar ko ƙofar zaure bai leƙa ba sai masallaci. Na kira Shamsu, wai ai fim ne, wai tsoho ma ya gode an san shi. Wallahi ban yafe ba, kuma ba ni da niyya.

To ga abin da na shirya. Bayan girbin dawa za a yi damben kaka a Faskari, an kuma gayyato Shamsu babban baƙo. Ya amsa jiki na rawa, don yana son hoto a tsakiyar 'yan dambe. Na samu Gide mai kalangu, tsohon makaɗin Baba, ya ce shi ma abin na cin ransa. Idan fage ya cika zai kaɗa taken Baba, kai ka fito da hannu a naɗe, sannan Gide ya juya ya kira Shamsu da baki a gaban jama'a. Wannan fagen ba igiya ba katifa. Don haka ka nemi izini wurin maigidanka tun yanzu, ka taho da wuri.

Na so in ɓoye wa Baba, amma bakin Gide ba ya riƙe magana. Jiya Baba ya kira ni, na zaci faɗa zan sha. Ya ce in gaya maka gidanmu ba a bugun wanda bai naɗe hannu ba, kada ka kuskura ka bi Shamsu cikin 'yan kallo. Ka tsaya tsakiyar fage ka jira kawai, in ya ƙi fitowa gari ya gani, wannan ya ishe shi. Sannan ya ce wa Inna ta wanke masa babbar riga, don a sahun gaba zai zauna.

Inna na gaishe ka, Sumayya da mijinta ma haka. Ka gaida Suwaibatu, ka shafa min kan Ikhlas da Yahya. Baba na fatan mutumin ya noƙe a tashi lafiya. Ni kuwa, Yaya, kullum roƙona Allah ya ba Shamsu zuciyar fitowa.

Wassalam.
Ƙaninka,
Mas'udu.