Fitilar da Na Rufe da Hannuna

Laraba, 14 ga wata, ƙarfe huɗu da minti goma na yamma, a ƙofar shagon mai gyaran agogo.

Yaya, assalamu alaikum. Ya gida, ya ƙafar Inna? Ni lafiya ƙalau, ina cin abinci, yawanci.

Kin san tsarina, jira nake har mutum ya manta da kyamara. Kwana sha tara Baba mai agogo bai manta ba. Yana hango jar fitilarta sai ya gyara hula: "'Yata, murmushi zan yi?" Haushi ya sa na manne fitilar da baƙin salatif.

Yau dai ya manta, ya ɗauko agogon marigayiya matarsa, minti ashirin da biyu yana ba ni labarinta. Ashe ban danna maɓallin ɗauka ba, fitilar da za ta gaya min kuma ni na rufe ta! Na roƙe shi ya maimaita, ya ce, "To, bari in canza riga."

Litinin zan miƙa fim ɗina na farko a makaranta. Kar ki gaya wa Inna, ki dai ce ta ƙara addu'a.

Abin da ban sani ba: ko za a ƙara min mako guda, ko Baba zai sake mantawa, ko in cire salatif ɗin.

Ƙanwarki.