Kujerar Inna a Bayan Kanta

Zuwa ga Yayata abar ƙaunata,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai tarin yawa, ina fatan takardar nan za ta same ki lafiya, ke da maigidan da yara. Allah ya raba ki da ciwon bayan nan gaba ɗaya. Mu nan lafiya lau. Inna ta ji sauƙi har ta koma faɗa da kajinta. Auta kuwa ya samu aikin gyaran firji, yanzu sai ya yi gyaran murya kafin ya gaishe mu.

Yaya, kin san ni da baki, ba banza kuka sa mini suna Barkono ba. Bakin nan ya raba ni da aiki har sau biyu, kuma a kantin da nake karɓar kuɗi yanzu saura ƙiris ya maimaita. Sabon manajanmu ya kwashe kujerun bayan kanta ya kai sito, wai mai zama ba ya kama da mai aiki. Ni ina iya daurewa, amma abokiyar aikina cikinta ya tsufa, kafin a tashi ƙafafunta sun kumbura har takalmi ba ya shiga. Ta kasa magana don mijinta ba ya aiki. Wallahi raina ya ɓaci, har na tsara masa maganganu masu zafi. Da na tuna maganin Inna daga albashina yake fita, sai na haɗiye su. Amma in zuba ido kawai, wannan ma ya gagare ni.

Washegari na ɗauko kujerar katakon nan ta Inna, mai gurguwar ƙafa, na ajiye wa abokiyar aikina. Tsoro ya hana ta zama. Da manaja ya gani sai ya haɗe rai ya tambaya wa ya kawo ta. Na ce ni na kawo, na roƙe shi ya ɗan tsaya tare da mu, in layi ya ragu zan yi masa bayani. Ƙarshen wata ne, kantin cike maƙil, layi ya ƙi raguwa. Ya tsaya yana duba agogo, yana sauya ƙafa, ni kuwa ina ta aikina. Can na waiwaya, sai ga shi zaune daram a kan kujerar Inna yana murza gwiwa.

Maganar da ta zo bakina a lokacin, da na sake ta da yanzu ina gida ina tsintar wake. Na cije leɓe. Na dube shi, na dubi cikin baiwar Allahn nan. Ya miƙe zumbur, ya tura mata kujerar, ya shige ofis. Kafin a tashi an dawo da sauran kujerun daga sito. Bai sake tayar da zancen ba, ni ma haka. Na ji daɗi ƙwarai, Yaya, don karon farko ke nan da na tsaya wa wani ba tare da na rasa abincina ba.

Ki gaishe mini da maigidan, da Takwara, da Ƙaramar Inna mai rowar murmushi. Kawu da Auta suna gaishe ki. Inna ma tana gaishe ki, kuma har yau tana cigiyar kujerarta. Na ce mata ta yi haƙuri, kujerar ta samu aiki.

Ƙanwarki mai kewarki,
Barkono